Kura da shan bugu, gardi da kwasar kuɗi? Kan fasahar da ta bar bango ta fito titi

Ranar 29 ga Maris 2009, a tsakar gidan cibiyar fasaha ta Wifredo Lam da ke Havana babban birnin Kyuba, aka kafa dandamali, aka rataya wani ƙaton labule ruwan goro a baya, aka aje mumbari da makirufo, aka jona lasifika. Iyakar kayan aikin kenan fa. Matar da ta shirya abun, wata mai fasaha 'yar Kyuba Tania Bruguera, ta ce duk mai so ya hau ya faɗi abin da ke cikinsa, minti ɗaya tak, ba mai tace mishi magana. Kana hawa sai wasu mutum biyu cikin kakin soja su raka ka su ɗora maka farar tantabara a kafaɗa, mintinka na cika su ɗauke tantabararsu su sauko da kai. Duk ɗan Kyuba ya san inda aka dosa, don a Janairun 1959 da Fidel Castro ke jawabin cin nasara a Havana wata farar tantabara ta sauka a kafaɗarsa, jama'a suka ɗauka alama ce daga sama, hoton ya shiga tarihi. To yau ga tantabara a kafaɗar talaka, sai dai shi Fidel in ya kama makirufo sai ya yi awa huɗu awa biyar bai dire ba, kai kuma minti ɗaya aka yaga maka.

Mutum 39 ne suka hau. Akwai wadda ta tsaya gaban makirufon ta kasa cewa uffan sai kuka, akwai masu kiran 'yanci, marubuciyar intanet ɗin nan Yoani Sánchez ma ta hau ta yi maganar yadda aka killace tsibirin da takunkumin baki. Dabarar da ta fi burge ni ita ce kafin a fara Bruguera ta raba ƙananan kyamarori 200 wa 'yan kallo, irin na yarwa ɗin nan masu filasha, wato in hukuma ta zo ƙwace hoto sai dai ta bi mutum 200 gida gida. Bidiyon ya fita duniya, su kuma masu shirya babban baje kolin fasaha na Havana, wanda a cikinsa aka yi abun, suka fito da sanarwa suna Allah wadai da abin da ya faru a cikin gidansu.

Na san tambayar da ke bakinka, don ni ma da na fara nuna wa wani abokina hotunan cewa ya yi "to ina zanen yake?" Babu zane. Ba fenti ba sassaƙa ba abin ratayewa a falo. Kuma yawancinmu in aka ce fasahar zamani ta Turawa abin da ke faɗo mana shi ne ayabar nan da wani ɗan Italiya Maurizio Cattelan ya manna a bango da salatif, wadda aka sayar dala 120,000 a 2019, a Nuwamban 2024 kuma aka yi gwanjonta a birnin Niyok na Amurka dala miliyan 6.2, mai kuɗin kirifto da ya saya ya ɓare ta ya cinye a gaban 'yan jarida, alhali ayabar a hannun mai tebur a bakin titi aka siyo ta ko dala 1 ba ta kai ba. Wanda ya ga wannan ya ce duk harkar rainin hankali ce wallahi ba zan ga laifinsa ba.

Amma ayabar da makirufon Havana kakansu ɗaya, hanya ce ta raba su. A 1917 wani Bafaranshe Marcel Duchamp ya siyo abin fitsarin nan na tangaran da ake mannawa a bayin maza, ya sa mishi hannu da sunan bogi, ya aika baje koli a Niyok a matsayin aikin fasaha, suka ƙi nunawa. Abin da ya jefo shi ne, ashe ba dole sai hannunka ya ƙera abu ba, dabarar da ke kanka da inda ka aje abun su ne aikin. Daga nan wasu suka ce in haka ne jikina ma kayan aiki ne, abin da na aikata a gaban mutane shi ne aikin, wannan shi suke kira fafomans. Wasu suka ƙara gaba suka ce jama'ar ma kansu, da unguwarsu da matsalarsu da dokar ƙasarsu, duk kayan aiki ne kamar yadda yumɓu yake a hannun mai ginin tukwane. Reshe ɗaya ya tafi kasuwar attajirai ya haifi ayaba, ɗayan ya fito titi, kuma shi nake magana a kai.

Wanda ya fi kowa kururuta wannan ra'ayi Bajamushe ne, Joseph Beuys, mai cewa kowane ɗan Adam mai fasaha ne, al'umma ma sassaƙa ta ake yi. Maganar kamar ta masu falsafa har sai ka ga abin da ya yi a garin Kassel a 1982. Ya ce zai dasa bishiya 7,000, kowace da dogon dutse a gefenta. Sai ya sa aka kwaso duwatsun nan 7,000 gaba ɗaya aka jibge a filin da ke gaban babban gidan baje kolin garin, tsakiyar gari, tuli guda mai muni, ya ce ba dutsen da zai bar wurin sai an dasa bishiyarsa, kuma kowace bishiya mak 500 ne kuɗin Jamus na lokacin. Mutanen gari suka yi ta masifa, to amma in kana so a kwashe maka tarkace daga fili ai sai ka taimaka a samo wurin dasawa, ka ga ya ɗaure gari da igiyar da ba mai kwancewa sai garin. Shekara 5 aka yi ana abu ɗaya, shi ya rasu a Janairun 1986 bai ga ƙarshe ba, ɗansa ne ya dasa ta ƙarshe a 1987. Bishiyoyin suna nan har yau suna ba da inuwa, wanda bai taɓa jin sunan Beuys ba ma yana fakin motarsa a ƙarƙashi.

Ni dai wadda ta fi taɓa ni ita ce Mierle Laderman Ukeles a Niyok. Haihuwa ta yi ta ga duk ranarta ta ƙare a wanki da shara da goge goge, duniya kuma ba ta lissafa wannan a aiki, sai ta ce to daga yau aikin kula da gida da gari shi ne fasahata. Daga 1979 zuwa 1980, wata 11 cur, ta bi ma'aikatan kwashe shara na birnin su kusan 8,500, tana zuwa da asuba lokacin da suke fita, tana bin motocinsu, ta sha hannu da kowane ɗaya ta ce mishi na gode da kake riƙe da ran birnin Niyok. Lokacin birnin bai daɗe da tsallake tsiyacewa ba, ana rage ma'aikata, mutane na kallon masu shara kamar su ne sharar. Ba ta ƙara musu albashi ba, ba ta da wannan ikon, ita kanta ba albashi hukumar ke biyanta ba. Amma ka ƙiyasta mutumin da ya shekara 20 ana toshe hanci in ya wuce, yau ga wata ta taso takanas ta miƙo mishi hannu tana kallon idonsa.

In ka cire sunayen Turawan ma abun ba baƙo ba ne a wurinmu. Yaran da ke tashe daga goma ga azumi, su sa gemun auduga su kwaikwayi malami ko su tsokani gwauro ko mai rowa a ƙofar gidansa, ai a titi suke yi, jama'a ne 'yan kallo kuma su ne 'yan amshi, kuma akwai maganar da ba ta faɗuwa sai a cikin wasan. A jami'ar Ahmadu Bello ma tun ƙarshen shekarun 1970 malamai da ɗaliban wasan kwaikwayo ke fita ƙauyukan da ke kewayen Zariya suna haɗa wasa da manoma a kan matsalolinsu. Bambancin shi ne mai tashe ba ya ɗaukar hoton abin da ya yi ya kai Landan a rataya a saya. Kuma nan ne gizo ke saƙar.

Don duk wannan aiki sai da kuɗi, kuɗin kuma daga gidajen adana kayan fasaha da gidauniyoyi da attajirai masu tara kaya yake fitowa. Mai fasaha ya shiga unguwar talakawa ya yi wata uku, a ɗau hotuna masu kyau, a buga littafi, a gayyace shi taro a Jamus da Italiya, sunansa ya hau farashinsa ya hau, su kuma mutanen da fuskarsu ke cikin hoton suna nan inda ya same su, ko sunansu ba a rubuta a ƙasan hoton ba sai dai a ce "mazauna unguwa". Kura da shan bugu gardi da kwasar kuɗi kenan. Wani ɗan Sifen Santiago Sierra ya ce tunda haka ne bari ya yi abun tsirara kowa ya gani. A 1999 a Havana ɗin dai, ya ɗauko samari 6 marasa aikin yi, ya jera su kafaɗa da kafaɗa sun juya baya, aka zana musu layi ɗaya miƙaƙƙe na tatu mai tsawon santimita 250 ya ratsa bayansu duka, ya ba kowa dala 30. Hujjarsa ita ce haka duniya take dama, talaka na sayar da jikinsa kullum a kan kuɗin da bai kai ya kawo ba, shi madubi kawai ya ɗaga. Na gane hujjar amma ban karɓa ba, don madubin a fatar wani aka kafa shi, layin ba ya gogewa, hoton kuma yana hannun masu kuɗi.

Masana harkar sun daɗe suna dambe a kan wannan. Wata Baturiyar Ingila Claire Bishop da ke koyarwa a Niyok ta ce an wayi gari ana auna irin waɗannan ayyuka da kirkin mai yin su kawai, ya kyautata wa mutane? ya tuntuɓe su? shi kenan an ba shi maki, ba mai tambayar ko aikin na da wani ƙarfi da zai girgiza tunanin mutum, har ma ta nuna yadda gwamnatin jam'iyyar Leba ta Birtaniya a zamanin Tony Blair ta so abun saboda araha ne, a rufe cibiyar matasa a turo mai fasaha ya yi musu bita ta sati biyu a ce an shigar da su cikin al'umma. Wani Ba'amurke Grant Kester ya mayar mata da martani cewa ita dai tana son mai fasaha ya ci gaba da zama gwani mai tsokana daga sama, alhali zama a saurari mutane shi ma gwaninta ce. Ni ina ganin kowannensu ya riƙe ƙafa ɗaya ta gaskiya, amma tambayar Bishop akwai ƙaya, in dai amfani ake nema me ya sa ba za a ba ƙungiyar agaji kuɗin ba, su da suka san lissafin buhu da allura? In kuma fasaha ce me ya sa take jin kunyar a auna ta a matsayin fasaha?

Amsar da ta fi gamsar da ni ba daga masu rubutu ta zo ba, daga Tamale ta zo a arewacin Gana. Ibrahim Mahama, haifaffen 1987, ya yi karatu a jami'ar Kumasi, abin da ya ɗaga shi buhun garara ne, irin wanda ake saƙawa a Indiya da Bangaladash a kawo Gana don zuba koko, in ya gama wannan aikin ya faɗa hannun 'yan kasuwa a zuba masara da shinkafa, ƙarshe in ya tsufa ya koma buhun gawayi, duk jikinsa tambari da sunayen masu kaya da faci. Sai ya riƙa ba 'yan kasuwa sabbi yana karɓar tsoffin, ya tara mutane su ɗinke su su zama wani makeken mayafi a lulluɓe gini sukutum, ya yi a Kumasi da Akara, ya yi a babban baje kolin Venice a 2015, ya yi a Kassel a 2017. Cikin masu ɗinkin har da 'yan ci rani daga arewa irin matan nan masu dako a kasuwa da ake kira kayayei, kalmar ma rabinta tamu ce, daga kaya. To har nan za ka iya cewa ga wani gardin kuma. Sai dai shi da kuɗin suka shigo Tamale ya mayar da su, ya buɗe cibiyar fasaha a 2019, ya buɗe wata ƙatuwa da jan bulo mai suna Red Clay a 2020, ya sayi tsoffin jirage na sama aka jawo su ta mota har can aka mai da cikinsu aji, ya kawo tsoffin taragon jirgin ƙasa, shiga kuma kyauta, yaran makaranta na tururuwa. Yaron da bai taɓa zuwa filin jirgi ba yau yana zaune a cikin jirgi ana koya mishi zane. Wato ya sayar wa Turawa hoton wahala ya dawo da kuɗin inda wahalar take. Ko shi ma akwai abin tambaya, don komai na rataye ne a wuyan mutum ɗaya da kasuwar da ke sayen kayansa, ranar da attajiran suka juya wa buhu baya fa? Amma aƙalla in ya tafi akwai ginin da zai rage. Haka Rick Lowe ya yi a Houston ta Amurka tun 1993, bayan wani ɗalibi ya ce mishi mu ai mun san matsalarmu ba sai ka zana mana ba, in kai mai basira ne ƙirƙiro mafita, shi da abokansa suka karɓi tsoffin gidaje 22 a unguwar baƙar fata suka gyara, wasu na baje koli wasu na zaman mata masu goyo da ba su da mataimaki.

Kuɗi kenan. Saura bugun, wa ke shan shi. A nan gida akwai Jelili Atiku, mutumin Ejigbo a Legas, wanda a Zariya ya yi digirinsa na farko a fannin zane da sassaƙa kafin ya koma amfani da jikinsa, ya shafe jiki da launi ko ya naɗe kansa da ƙyalle ya ratsa titi mutane na binsa. A Janairun 2016 ya yi wani wasa a titunan unguwarsu da ya taɓo zalunci da rikicin filaye, kwana kaɗan 'yan sanda suka kwashe shi da wasu nasa, aka kai su kotu aka wuce da su Kirikiri, ana cewa fadar sarkin yankin ce ta kai ƙara. Sai da ƙungiyoyin masu fasaha na gida da waje suka yi ca kafin a ba da beli, watanni bayan nan aka yi watsi da tuhumar. Abin lura shi ne 'yan makonni kafin nan aka ba shi babbar lambar yabo ta Yarima Claus daga Holan, kuma wannan sunan na waje yana cikin abin da ya sa kukan ya yi ƙara. Shi a unguwarsu ya yi, shi ya kwana a gidan yari, ba wanda zai ce ya ci da gumin wani.

Mu koma Havana. Ranar 17 ga Disamba 2014 shugaban Amurka Obama da na Kyuba Raúl Castro suka sanar za su maido da hulɗa tsakanin ƙasashensu bayan fiye da shekara 50, sai Bruguera ta ce madalla, tunda an ce zamani ya canza bari a sake aje makirufon nan, amma wannan karon a Dandalin Juyin Juya Hali, inda Fidel ya saba tara dubban mutane, ranar 30 ga Disamba. Ko isa wurin ba ta yi ba, da sassafe aka ɗauke ta daga gida, aka kama 'yan adawa da dama da suka yi niyyar zuwa, aka riƙe fasfonta wata da watanni. Makirufo bai hau ba amma kowa ya samu amsar tambayar da ta yi, har wasu ke cewa gwamnati ce ta ƙarasa mata aikin da hannunta. A Mayun 2015 tana zaune a gidanta ta shirya karatun awa 100 a jere na wani littafin masaniyar siyasa Hannah Arendt a kan mulkin kama karya, da lasifika ana ji a titi, sai ga ma'aikata sun zo da injin fasa kwalta suna haƙa daidai ƙofar gidan. Gyaran titi wai.

A watan Afrilun wannan shekarar magoya bayanta suka maimaita wasan minti ɗayan a dandalin Times Square na Niyok don nuna goyon baya. Niyya mai kyau, amma ka duba, wasa ɗaya, minti ɗaya, sai dai a can kowa na iya zagin shugaban ƙasa ya wuce ya sayi shayinsa, abin da ya sa hannun mutum rawa a Havana babu shi a wurin. Gidan adana fasaha na Guggenheim ma ya sayi aikin ya shiga cikin kayansa, to me ya saya? Labule da mumbari da takardar yadda ake shiryawa. Tsoron da mutum 39 suka haɗiye kafin su taka dandamalin ba ya shiga sito.

Ita kanta Bruguera ba ta tsira daga wannan lissafi ba, duk da ba mai cewa ba ta sha wuya ba, an kama ta ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba, an tsare ta a gida, an zage ta a talabijin ɗin gwamnati. Amma 'yar babban jami'in diflomasiyyar gwamnatin Castro ce, ta yi karatu a Chicago, manyan gidajen fasaha na Landan da Niyok sun san ta, in aka taɓa ta jaridun duniya za su ɗauka kafin magariba, mai uwa a gindin murhu kenan. A 2021 ta bar ƙasar ta karɓi aikin koyarwa a Harvard, ta ce ta yarda ta fita ne bisa sharaɗin a saki wasu da ke tsare, kuma an saki wasu. Luis Manuel Otero Alcántara fa, baƙar fata ne daga unguwar talakawa a Havana, ba makarantar fasaha ya yi ba shi ya koya wa kansa, yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar San Isidro don yaƙar doka mai lamba 349 ta 2018, wadda ta ce ba mai fasahar da zai yi aiki a bainar jama'a sai da izinin ma'aikatar al'adu. A 2019 ya yafa tutar Kyuba a kafaɗa ya ce wata guda zai yi ba zai cire ba, da ita zai kwana da ita zai shiga wanka, don tuta ta kowa ce. Ranar 11 ga Yuli 2021 da zanga zanga ta ɓarke a faɗin ƙasar ya sa bidiyo ya ce ga shi nan fita, aka kama shi a hanya. Mujallar Time ta sa shi cikin mutum 100 mafiya tasiri a duniya a wannan shekarar yana kulle. A Yunin 2022 kotu ta yanke mishi shekara 5, cikin laifukan har da wulaƙanta alamar ƙasa, abokinsa mawaƙi Maykel Osorbo kuma aka ba shi 9.